Akushin Kudaku Zuwa Ƙonni

Duk wanda ya ci kasuwar Illela a shekarun da Nasara suka jera duwatsunsu na iyaka tsakaninmu da Ƙonni ya san Maharazu Mai Rami. In bai san fuskarsa ba, ya san muryarsa, don in ya buɗe baki a rumfar masu gishiri sai masu jakuna can ƙarshen kasuwa su waiwayo. Dogo ne, baƙi wuluk, tafin hannunsa kamar faifai. Bai taɓa riƙe allo ba, amma ba wanda ya kai shi sanin halin ƙasa da ruwa. Mazan wancan zamani ke nan. Ba irin na yanzu ba, da in suka wuni ba fura sai ka ji suna nishi kamar masu naƙuda.

Ramin da ake yi masa laƙabi da shi ramin kudaku ne, abin nan da Kanawa ke ce wa dankali. A shekarar babbar yunwa damina ta yi ƙarya, gero ya bushe a tsaye tun bai fid da kai ba, tafkin Kalmalo ya yi ta ja da baya har ya koma ɗan kududdufi. Mutane suka ci ƙarangiya, suka tone gidajen tururuwa suna neman ƙwayar da ta ɓoye. Mu da muka ga shekarar muka fita da ranmu, mun san abin da ake kira namiji. Shi Maharazu bin ruwan ya yi. Ruwa ya ja taki goma, shi ma ya tsinko yaɗon kudakunsa ya dasa taki goma gaba. Da ruwan ya ƙafe ya haƙa rijiya, ya yi ta ban ruwa da gora har fatar kafaɗarsa ta saluɓe. Abin da ya tona ya riƙa kawowa gida a ɓoye ƙarƙashin kayan itace. Ya haƙa rami a cikin gidansa, ya jera kudakun da yashi da toka, ya rufe. Rai goma sha huɗu ke gidan, kuma goma sha huɗun nan duk sun ga sabon gero. Ko jariri bai binne ba.

Ba ranar kasuwar da ba ya ba da labarin nan. Fataken Ƙonni da na Adar har goro suke saya masa don ya maimaita, shi kuwa ya gyara zama, ya buɗe murya. Sai dai akwai wuri guda da kullum yake tsallakewa.

Yana da ƙanwa, Ramatu, autar innarsu. Cikin 'ya'ya bakwai su biyu kaɗai suka rage. Aure ya kai ta Ƙonni tun kafin a ce nan ƙasar Ingilishi ce, can ta Faransi. A tsakiyar bazarar yunwa ta tako da ƙafa har Illela, goye da 'yarta Jamilatu, yarinya mai shekara huɗu da ta koma kamar 'yar yaye. Ta durƙusa ta ce, "Yaya, ko ɗan abin da za a sa ma yarinya baki." Maharazu ya dubi 'ya'yansa, ya dubi sama ba ko ɗigon gajimare, ya auna a zuci kwanakin da suka rage kafin ruwa ya sauka. Ya ce mata babu. Aka ba su jiƙon tsamiya da ɗan dusa, suka huta har la'asar, ta goya 'yarta ta juya. Bayan kwana shida aka aiko Jamilatu ta rasu. Ya yi kuka, don yana son yarinyar. Amma shekarar kowa binne wani yake yi, sai ya zuba wannan mutuwa cikin ta sauran jama'a, ya rufe kamar yadda ya rufe raminsa.

Tun daga ranar Ramatu ba ta sake taka Illela ba. In an tambaye shi sai ya ce sojan Faransi ne suka tsare hanya. Ya faɗa har shi ma ya yarda.

To, da bazarar shekara ta uku mijinta ya rasu. Ta fita takaba ana saura 'yan kwanaki Layya, ba ɗa ba jika, tana zaune a gidan wan mijinta. Abin ya tsaya wa Maharazu a rai. Shi da ya ciyar da rai goma sha huɗu, a ce ƙanwarsa ciki ɗaya tana cin tuwon alfarma a gidan wasu? Ya ƙudura zai je ya ɗauko ta, ta dawo gidan ubanta ta zauna har mutuwa ta raba. A gidansu kuwa, tun zamanin innarsu, ba a yin babbar magana sai an sa hannu a akushi ɗaya. In Ramatu ta ci nasa, ta yarda ke nan. In ba ta ci ba, ba sauran magana.

Washegarin salla, ragon da aka gasa tsaye a bakin wuta ya huce, ana rabon nama. Maharazu ya ware cinya guda ya ajiye. Sannan ya shigo da kwandon sabon kudaku, tonon farko na shekara, ya dire gaban matarsa Lubabatu.

"Kirɓa mani shi irin na Inna," ya ce.

Abinci ne marar wuya, kowace salla ana yinsa a gidan. Innarsu ce ta saba musu da shi a gefen naman layya, don ta ce yaro in ya cika ciki da zaƙi ba ya kukan nama ya yi masa kaɗan. Lubabatu ta zauna ta tsince masu ƙwaro ta jefar wa awaki, don guda ɗaya mai ɗaci sai ya ɓata tukunya. Ta dafa sauran da ɓawonsu har tsinke na shigewa ba gardama. Ta ɓare su da zafinsu tana hura yatsu, ta zuba a ƙaramin turmi. Ba daka ake yi masa ba kamar gero, danna shi ake yi da taɓarya a hankali, ana juyawa, har ya yi laushi ba gudaji. Ta sa gishiri kaɗan, ta sa yaji, ta ɗebo man shanu. Maharazu na tsaye a kanta kamar mai gadin gona.

Can ta ce, "Maigida, kai mata cinyar, ka ƙara da damin gero biyu. Wanga kam bar shi gida."

"Don mi?"

"Don dai."

"Don dai ba magana ba ce. Ke kin san Auta ko ni? Tana rarrafe nika ɗauke ta in aza bakin turmin Inna tana lasa. Duniyag ga ba abin da taka so kamar wanga. Tana jin ƙanshi nai za ta hwashe da kuka ta ce Yaya mu tahi."

"Kukan kam za ta yi."

"To kin gani! Ƙara mai mana. Ko ke ma Nasara sun aza maki jangali bisa man shanu?"

Ta ƙara mai, ba ta yi dariya ba. Ta kwashe cikin baƙin akushi, ta lallashe samansa da mara har yana sheƙi, ta yi ɗan gurbi a tsakiya ta tsiyaya sauran man. Tana rufewa da faifai ta ce, ba ta ɗago kai ba, "Ranar nan ina nan, Maigida. Ni ce nij jiƙa tsamiyar."

"Wace rana?" ya ce.

Wallahi ba ƙarya yake ba, a lokacin bai gane ranar da take nufi ba. Lubabatu ta dube shi, ta ɗaure akushin da tsumma, ta miƙa masa.

Ya sa rigar sallarsa, ya rataya cinyar a kafaɗa, ya ɗora akushin a tafin hannu, ya kama hanyar arewa da hantsi. Gero ya nuna ko'ina, dawa ta sunkuyar da kai, ƙasar kamar ba ita ce ta ci mutane shekara biyu da 'yan watanni baya ba. Ya iso dutsen Nasara ya shirya abin da zai gaya wa soja. Ba soja ko ɗaya. Awaki uku ne kwance a inuwar dutsen suna tuƙa. Mata na wucewa da ƙorai a ka, wasu na zuwa Illela wasu na komowa, ba mai ce musu kanzil. Ya ɗan tsaya, ya ce a ransa don salla ce aka sake hanya, ya wuce.

Rana ba ta kai tsaka ba ya isa Ƙonni. Halliru, wan mijin Ramatu, dattijo mai sanyin magana, ya tarbe shi a zaure tare da baƙi huɗu da suka zo gaisuwar salla. Aka yi gaisuwa, aka yi ta'aziyya, aka aika ciki a gaya wa Ramatu ga wanta ya zo da akushi. Aka dawo aka ce tana zuwa.

Ana jira sai ɗaya daga baƙin, wani mai jan rawani, ya ƙura masa ido ya ce, "Wai ba kai ne Mai Rami na Illela ba?"

Maharazu ya ji kamar an zuba masa ruwan sanyi a ƙirji. Ashe har nan sunan ya iso!

"Ni ne, ba wani."

"Kai! Mu dai ji muka yi bakin hwatake. Wai da gaske ko rai guda ba ka rasa ba?"

"Ko kaza!" Ya gyara zama, ya ture akushin gefe kaɗan don hannunsa ya sami wurin yawo. Ya ba su labarin tafki, ya ba su na rijiya, ya buɗe wuyan riga ya nuna musu tabon kafaɗa. Halliru ya yi gyaran murya, ya tura masa ƙwaryar fura, Maharazu bai ko duba ba.

Mai jan rawani ya ce, "To ni abin da ban gane ba, ina kab ɓoye ramin? Shekarar nan ko allura kab binne sai an tono ta."

Maharazu ya yi dariya har da bugun cinya. Wannan wuri ba ya faɗarsa a kasuwa, don ramin na nan yana aiki. Amma nan wata ƙasa ce, kuma an tambaye shi da girmamawa.

"Ku mutanen Ƙonni ku ji dabara. Kowa ɗaka yaka ɓoye abu, ko bayan rumbu. Ni tsakar gida nig gina nau, ƙarƙashin rumhwa, inda kowa ka gani. Na aza ƙyaure bisa, na watsa ƙasa, na shimhiɗa tabarma. Wasu ƙarti sun taɓa shigo mani da sanduna, sunka duba rumbu, sunka duba ɗaka, har tukwane sunka kihe. Ina zaune ina jan tazbaha. Abin da suka nema shina ƙarƙashin gindina!"

Baƙi suka kwashe da dariya. Daɗi ya ɗebe shi, ya ƙara murya.

"Kuma duk wanda yaz zo roƙo, nan nika zamnar da shi, bisa tabarmar. In ce mashi duba da idonka, ɗan'uwa, babu. Shi ko shina zaune bisa abinci bai sani ba!"

Wannan karo shi kaɗai ya yi dariya. Halliru ba shi yake kallo ba, bayansa yake kallo. Maharazu ya waiwaya.

Ramatu ce tsaye a ƙofar ciki, riƙe da ƙwaryar ruwan wanke hannu. Ta rame, furfura ta fito mata a goshi, ga ta ba ta kai arba'in ba. Baƙi suka tuna suna da sauran gidajen gaisuwa, suka nemi takalmansu. Halliru ya raka su bai dawo ba.

Ta ajiye ƙwaryar, ta durƙusa nesa da shi.

"Sannu da zuwa, Yaya. An yi salla lahiya?"

"Lahiya lau, Auta. Ya haƙuri?"

"Da godiya." Ta ɗago ta dube shi. "Tabarmar nan mai jan gehe?"

Ya kau da kai, ya hau gyaran tsumman akushi. Mutumin da ake jin muryarsa ƙarshen kasuwa.

"Ita ce," ta ce, ta amsa wa kanta. "Bisa gare ta Jamilatu tay yi barci, tun azahar hal la'asar. Kai da kanka kag gyara mata kwanciya. Kana kore mata ƙuda da hular ka."

"Auta, ki saurara..."

"Zancen rami na daɗe da ji. Kasuwa guda muka ci, Yaya, kana tsammanin magana tana tsayawa ga dutsen Nasara? Masu gishiri sun kawo shi, masu goro sun kawo shi. Gaban idona anka yi ta yabon ka wurin daka, ina tankaɗe ina ji. Sai in ce ma raina, wataƙila ramin can Kalmalo yake, nesa. Wataƙila ranar da niz zo ya ƙare, daga baya kas samu wani. Shekara biyu ina gyara maka labarin. Yau da anka ce ka zo da akushi, na ce to, ya isa. Na ɗebo ruwa in wanke hannu in ci."

Ya dubi ƙwaryar ruwan. Sai a lokacin ya gane abin da ya zubar da bakinsa.

"Rai goma sha huɗu, Auta," ya ce, muryarsa ta koma ta wani tsoho da bai sani ba. "Saura wata biyu ruwa. In na buɗe maki, gobe dangin Lubabatu sun ji, jibi unguwa ta ji. Da duk mun mutu. Na auna, wallahi na auna, bai kai ba."

"Ban ce ka yi kuskuren awo ba. Ni ma uwa ce, da ni ce wataƙila haka zan yi." Ta share fuska da gefen zane. "Da kac ce mani akwai, amma ba ni ba ki, da na zage ka, na yi hushi shekara, na huce. Sai kac ce babu. Kak kama hannuna kay yi kuka tare da ni. Na koma ina tausayin ka, Yaya. Ina tahiya da ɗiyata tana mutuwa bayana, ina roƙon Allah Shi ba ka abin da za ka ba naka ɗiya."

Sai hannunsa ya yi abin da ya zo yi. Ya kwance tsumman, ya ɗaga faifan, ya tura akushin gabanta. Man ya narke ya bi gefe, ƙanshin ya cika zauren. Sai da ya ga fuskarta sannan maganar Lubabatu ta faɗo masa, ya gane ranar da take nufi.

Ramatu ta daɗe tana kallon abin. Ta matso. Ta tsoma hannu a ruwan ta wanke. Ta yi bisimilla, ta gutsuro ɗan kaɗan da yatsu uku, ta kai bakinta. Leɓɓanta suka buɗe. Hannun ya tsaya nan. Maharazu ya ga maƙogwaronta na motsi kamar mai haɗiyar ƙaya. Ta yi ƙoƙari, Allah ya gani ta yi ƙoƙari. Can ta sauke hannun, ta shafe loman a bakin akushin.

"Ya yi kamar na Inna," ta ce. "Ka ce ma Lubabatu hannunta ya yi kyau. Guda nawa anka sa?"

"Ban sani ba. Goma, ko sha biyu."

"Biyu sun isa ta kai gida da ƙahwarta."

Ta mayar da faifan ta rufe, ta ɗaure tsumman da kanta, ƙulli biyu, ta turo masa.

"Naman na karɓa, mutanen gidan ga su ci, sun yi mani kirki. Wanga koma da shi."

"Ki taho gida, Auta. Gidan ubanki ne. Na rantse ba ki sake neman komi ki rasa."

"Ramin shina nan?"

Ya sunkuyar da kai. "Shina nan."

"To in na zo, ina zan zamna?"

Ya ce zai cike shi, zai rushe rumfar, zai sake gida ɗungum in ta so. Ta bar shi ya gama. Sannan ta tashi, ta ɗauki ƙwaryar ruwanta.

"Ban riƙe ka ba, Yaya. In don lahira kaka tsoro, na yahe. Amma ka gani da idonka, bai shiga. Allah Shi maimaita muna. Ka gaida yara."

Ta shiga ciki. Ya zauna yana jiran ko za ta dawo, har inuwar ƙofa ta juya. Ba ta dawo ba.

Ya fito da akushinsa cikin zafin rana. Bai san inda ƙafarsa ke taka ba har ya bar garin, ya sami wata bishiyar gawo a bakin gona ya zube ƙarƙashinta. Ya kwance tsumman, ya ɗaga akushin zai kife shi a ƙasa. Hannun ya ƙi. Wanda ya ga shekarar nan ba ya iya zubar da abinci, ko da wuƙa a wuyansa, ku tambayi duk wanda ya rage cikinmu. Ya duba hanya ko wani zai wuce ya ba shi. Ba kowa, duk an shige inuwa. Komawa da shi gida kuwa, Lubabatu ta ɗaga faifai ta gani, wannan ya fi ƙarfinsa.

Sai ya sa hannu. Ya fara da loman da ta shafe a bakin akushin, da sawun yatsunta a jiki. Yana fata ya tsaya masa a wuya kamar yadda ya tsaya mata, ya shaƙe shi, ya amayar. Ina! Ya shige sumul, da zaƙinsa da man shanunsa. Ya ƙara wani, shi ma ya shige. Ƙaton mutum zaune gindin gawo cikin rigar salla, hawaye na bin gemunsa suna ɗiga cikin akushi, yana kiran sunan Jamilatu da baki cike, yana ci. Cikinsa bai ƙi ko loma ɗaya ba. Ya cinye tas, har ya sa yatsa ya suɗe gefen.